Jarumar da ta koma jeren ɗaki ba faɗuwa ta yi ba

Ranar Juma'ar da ta wuce, bayan isha'i, muna zaune a teburin mai shayin bakin layinmu, yaron shagon ya kunna wani fim mai dogon zango a wayarsa, ya jingina ta da gwangwanin madara. Da aka zo ƙarshe sunaye suka fara hawa, sai wani abokin zamanmu ya hango sunan wata jaruma da aka kwana biyu ba a ganin fuskarta sosai. Sunan ya fito sau biyu, a wajen shiryawa da kuma wajen tsara wuri. Ta ɗan leƙo a cikin fim ɗin ma, a matsayin yayar amarya, fitowa uku ko huɗu.

Mutumin ya kwashe da dariya ya ce, "Allah sarki, duniya juyi-juyi! Wance ce yau ta koma jera kujeru? Malam, in ka ga 'yar fim ta zama furodusa, to kasuwa ce ta watse."

Aka yi dariya, aka ci gaba da shan shayi. Ni kuwa maganar ta tsaya mini a rai har na koma gida, domin a cikin fim ɗin da muka gama kallo, abin da ya fi burge ni shi ne ɗakin tsohuwar nan: gadon ƙarfe, adudu a kusurwa, buzun salla rataye a ƙusa, da kwalla guda uku da fentinsu ya fara ɓarewa. Ɗakin kakata sak. Wanda ya jera wannan ɗaki ya san abin da yake yi, kuma ita ce ake yi wa dariya.

Ra'ayina a taƙaice shi ne: jarumar da ta koma shirya fim, ta kuma ɗauki aikin tsara wurin da za a yi wasan, gaba ta ci. Ta kama aikin da fina-finan Hausa suka fi buƙata, wanda kuma aka fi rainawa. Kuma a cikinmu babu wanda ya fi mata cancantar riƙe shi.

Mene ne aikin ma tukuna?

Duk abin da idonka ya gani a fim wanda ba mutum ba ne, wani ne ya yanke shawarar ya kasance a wurin. Launin bango, irin labule, kwanon da aka zuba tuwo, kalandar da ke rataye, babur ɗin da aka jingina a zaure. Mai tsara wuri shi ne zai karanta labari, ya zauna da darakta da mai ɗaukar hoto, su amsa tambayoyi: mutumin nan a wace unguwa yake? Nawa yake samu? Wace shekara ake ciki? Matarsa mai tsafta ce ko ƙazama? Daga nan sai ya nemo gida ko ya gina, ya cika shi da kayan da za su ba da amsa tun kafin ɗan wasa ya buɗe baki.

A fina-finanmu da yawa, babu mai wannan aiki. Ana zuwa lokeshin, a roƙi maigida ko a biya shi, a shiga falo yadda aka same shi, a kafa kyamara.

Sakamakon haka duk mun san shi. Falo ɗaya za ka gani yau gidan Alhaji ne ɗan kasuwar Kwari, gobe gidan kwamishina, jibi gidan likita, kujerun nan dai masu ruwan gwal da fulawar roba ba su motsa ba. An ce yarinya talla take yi, uwarta na wankau, amma bangon ɗakinsu fenti ne sabo fil, ledar ƙasa ko ƙwarzane babu. An ce labarin zamanin sarakunan da ne, ga bokitin roba can a bayan jarumi, ga wayar lantarki ta ratsa saman katanga. Mai kallo zai yi dariya ya wuce, amma daga wannan lokacin ya daina yarda da labarin.

"Ai sai kasuwa ta mutu ake komawa bayan fage"

Wannan ita ce maganar abokin shayina, kuma ita ce ta fi yawo.

A tambayi duk wanda ya taɓa zama a ofisoshin 'yan fim na titin gidan zu a Kano: wa ke kiran wa? Furodusa ne ke nemo kuɗi, ya sayi labari, ya ɗauki darakta, ya buga wa jarumai waya ya ce ga ranar aiki, ga abin da za a ba su. Jaruma komai farin jininta, jira take a kira ta. Wadda ta bar layin masu jiran kira ta koma kujerar mai kira, ta yaya za a ce ta yi ƙasa?

Rahama Sadau ta shigo harkar a 2013. A 2016 ƙungiyar 'yan fim ta MOPPAN ta sanar da korarta daga masana'antar saboda fitowar da ta yi a bidiyon wata waƙa. A 2017 ta fitar da Rariya a ƙarƙashin kamfaninta, Sadau Pictures, tana da shekara ashirin da 'yan kai. Daga baya fim ɗin da ta shirya, Mati a Zazzau, ya hau Netflix. Wani zai ce ai korar ce ta tura ta. To ko da haka ne, sai ya ƙara ƙarfafa abin da nake faɗa: wadda ba ta da komai sai fuska, takarda ɗaya ta isa ta raba ta da sana'arta. Wadda ke da kamfani kuwa, sai an yi da gaske.

Akwai kuma abin da ba a son faɗa. Rayuwar jaruma a gaban kyamara gajera ce a wurinmu. Namiji zai yi shekara ashirin yana fitowa a saurayi, a yi ta canza masa 'yan mata. Mace kuwa da ta haura talatin sai a fara ba ta uwar wanda ya girme ta. In ta yi aure, yawanci shi ke nan, an rufe littafi. Duk abin da ta koya a shekara goma, yadda ake tsara fitowa, inda haske ke faɗuwa, yadda ake lallaɓa maigidan da ya gaji da 'yan fim a falonsa, duk ya tafi a banza. Mansura Isah ta bar fitowa bayan ta yi aure, amma daga baya ta dawo a matsayin mai shiryawa, ta fitar da Fanan a 2021. Irin wannan hanya ce ke hana ilimin zubewa.

Kada a fahimce ni a karkace. Ban ce mace ta ɓuya a bayan fage don fitowa abin kunya ne ba. Wadda ke son ta yi ta wasa har furfura, ta yi, kuma a rubuta mata rawar da ta dace da ita. Abin da nake ƙi shi ne a ce ƙofa ɗaya ce kawai, in ta rufe sai gida.

"Jera kaya har wani aiki ne?"

A nan ne nake so in daɗe, domin mu Hausawa bai kamata mu yi wannan tambaya ba.

Duk wanda aka taɓa aurar da 'ya a gidansu ya san ranar jere. Goggona ita ce shugabar 'yan jere a danginmu, kuma na sha rakiyarta ina yaro, ni ne mai riƙe guduma da ƙusa. Za ta shiga ɗaki babu komai sai siminti, ta tsaya a tsakiya ta juya sau ɗaya, ta dubi inda taga take da inda ƙofa ke buɗewa. Sai ta ce gado nan, sif can, madubi kada ya kalli ƙofa. Kafin la'asar ɗakin ya zama na wata. Duk macen da ta shigo ganin ɗaki za ta karanta shi kamar wasiƙa: ƙarfin uban amarya, ƙoƙarin uwarta, abin da dangi suka tara, abin da aka aro don a rufa asiri za a mayar bayan sati.

In wannan ba tsara wuri ba ne, mene ne?

Matanmu sun san tarihin kayan ɗaki fiye da kowane littafi. Sun san lokacin da ƙwarya da akushi suka ba tasa wuri, lokacin da kwalla da langa suka cika bango tun daga ƙasa har rufi, lokacin samira, lokacin da tangaran ya shiga kabad mai gilashi, lokacin da gado mai rumfa ya zama tsohon yayi. Ka nuna wa dattijuwa hoton ɗaki, za ta gaya maka wajen shekarun da aka yi auren, ba za ta yi nisa da gaskiya ba. Darakta namiji ɗan shekara talatin, wanda bai taɓa wuce falo a gidan kowa ba, ina zai san wannan?

Kuma ku lura, yawancin labaranmu a cikin gida suke faruwa. Kishi, saki, zaman uwar miji, rabon gado, ɗan riƙo. Tsakar gida, ɗaki, madafa. Wuraren da mata suka fi kowa sani ne, amma sai a bar tsara su a hannun yaron da aka aika sayo ruwan leda.

Jaruma tana da ƙari a kan sauran mata. Ta yi wasa a cikin ɗakunan nan. Ta san takaicin a ce ta yi kukan talauci alhali tana zaune a kan kushin ɗin da ya fi kuɗin abincin wata. Ta san in an ba ta turmi da taɓarya na gaske, ko tsintsiya, ko faifan da za ta riƙa tsince shinkafa tana magana, hannunta zai samu abin yi, wasan kuma ya zauna. Da yawa daga sandarewar da muke gani a fina-finanmu, mutum biyu a kan kujera suna musayar magana hannu a cinya, rashin kayan aiki ne a wurin, ba rashin iya wasa ba.

A wasu ƙasashe an daɗe da gane nauyin abin. Hannah Beachler, wadda ta tsara ƙasar Wakanda a fim ɗin Black Panther, sai da ta haɗa kundi mai shafi kusan 500 a kan tarihin ƙasar da babu ita a duniya, gine-ginenta da kayanta, har da abin da ta ɗebo daga ginin ƙasa irin na Tambutu. A 2019 ta karɓi kyautar Oscar, ita ce baƙar fata ta farko da ta samu a wannan fanni. Kafin ita akwai Polly Platt a Amurka, wadda ta tsara fina-finan tsohon mijinta Peter Bogdanovich na farkon shekarun 1970, yabo ya tafi wurinsa, ita kuma daga baya ta zama furodusa mai ƙarfi, ta ɗaga matasan daraktoci. Ta rasu a 2011, kuma sai bayan nan ne mutane da yawa suka koma suna lissafa abin da hannunta ya yi. Ashe raina mai jere ba a teburin shayinmu aka fara ba.

Ko a nan gida Najeriya, 'yan Kudu sun san darajar marigayi Pat Nebo, mai tsara wuri, wanda ya rasu a 2023. Shi ya mayar da 'yan kallo shekarar 1960 a fim ɗin October 1. Mu wa za mu nuna? Akwai masu yi, na tabbata, amma ko sunansu ba mu tsayawa mu karanta.

"Babu kuɗin wannan"

Wannan hujja tana da ƙarfi, ba zan yi kamar ban gan ta ba.

Tun daga Turmin Danya a 1990, fim ɗin Hausa da ƙaramin jari ya tashi. Da can kasuwar Ƙofar Wambai ce ke riƙe da shi, a buga kaset ko faifai a sayar. Satar fasaha da tura fim a waya suka kashe wannan. Yanzu yawanci YouTube ne da tashoshi irin su Arewa24, kuma mai fim mai dogon zango dole ya fitar da sabon kashi duk mako ko masu kallo su koma wani wuri. Wanda ke cikin wannan tsere, in ka ce masa ya ware kwana uku don gyara ɗaki, zai ce ba ka san dawan garin ba.

Ba mu kuma da isassun wuraren da aka gina don ɗaukar fim. A 2016 gwamnatin tarayya ta yi niyyar kafa ƙauyen fim a Kofa, cikin ƙaramar hukumar Bebeji, a kan kuɗi wajen naira biliyan 3. Malamai da jama'a da dama suka nuna ba sa so, aka janye. Kowa da ra'ayinsa a kan wannan, ba shi na zo tonowa ba. Amma sakamakonsa shi ne har yau gidajen mutane ake shiga, kuma ba ka isa ka sake wa mutum fentin falo don fim ɗinka ba.

Duk da haka, ban yarda kuɗi ne kaɗai matsalar ba. Ɗakin tsohuwar da na faɗa a farko, nawa aka kashe masa? Gadon ƙarfe yana nan a gidajen cikin gari an jingine shi a soro. Kwalla tana nan a ƙarƙashin gadon iyayenmu. Tabarma, mafici, tulu, moɗa, fitilar ƙwai, duk wanda ya shiga kasuwar Kurmi ko Rimi da kuɗin da bai kai na hayar mota ɗaya ta alfarma ba, zai cika buhu. Cire fulawar roba da agogon bango daga ɗakin da aka ce na matalauci ne ko sisi ba ya ci. Abin da ya ɓace shi ne idon da zai lura, da kuma bakin da za a saurara in ya ce a cire.

A nan ne haɗa shiryawa da tsara wuri ke da amfani. Mai tsara wuri in ɗan haya ne, ya ce a dakata a canza labule, za a ce masa rana na faɗuwa. Amma in mai kuɗin fim ɗin ce da kanta ta ce ba za a ɗauka ba sai an canza, to za a canza. Kuma furodusar da ta sayi kayan nan sau ɗaya ta ajiye a sito, ta samu jari: gobe ta yi amfani da su, jibi ta ba wasu haya, kamar yadda masu kujeru da rumfar biki ke yi.

Hajiya Balaraba Ramat Yakubu, wadda aka fi sani da rubutun littattafai, da ta tashi shirya Juyin Sarauta, labarin zamanin da, ai an ga abin da natsuwa a kan sutura da muhalli ke haifarwa. In kuwa muka ƙi yi, wasu za su yi mana. Lokacin da fim ɗin Amina ya hau Netflix a 2021, 'yan Arewa da yawa sun yi ta ƙorafi cewa ba haka Zazzau take ba, ba haka ake shiga ba. Ƙorafin yana da dalili. Amma da a ce an ce mu kawo namu masu tsara wurin da suka ƙware a kan zamanin Sarauniya Amina, mutum nawa za mu tura?

"Taura biyu ba ta taunuwa, balle uku"

Wannan ita ce hujjar da ta fi damuna, domin na ga inda ta tabbata.

Akwai jarumar da za ta zama furodusa don kawai ta ba kanta babbar rawa. Sai ka ga ita ce a kowace fitowa, an ce 'yar aiki ce amma gashin ido da jan baki ba su bar fuskarta ba, ɗakin da aka ce nata ne kuma ya fi na matar gidan kyau. Wannan ba tsara wuri ta yi ba, ɗakin ɗaukar hoton biki ta haɗa wa kanta. Kuma da yake ita ke biyan kowa, babu mai iya ce mata ta bari.

Akwai kuma gajiya ta zahiri. Mutum ɗaya ba zai yi rigima da mai janareta, ya lissafa kuɗin abincin mutum talatin, ya duba ko an rataye labule daidai, sannan a ce "a ɗauka" ya fashe da kukan mutuwar uwa ba. Wani abu zai sha wuya.

Saboda haka goyon bayana da sharaɗi yake. Wadda za ta haɗa ukun nan, wato wasa da shiryawa da tsara wuri, ta san wanda za ta sassauta a kowane fim. Jarumar da aka yi wa dariya a teburin shayi abin da ta yi ke nan: ta ba yarinya sabuwa babbar rawa, ita ta ɗauki fitowa huɗu, ta zuba ƙarfinta a ɗakuna. Abin da abokina ya gani a matsayin faɗuwa, ni hankali na gani. Sannan duk mai son bin wannan hanya sai ta koyi aikin da gaske. Iya jere tushe ne, amma kyamara tana da nata sharuɗɗan: akwai launin da ke cinye fuskar baƙin mutum, akwai madubin da zai tona asirin masu ɗauka, akwai kofin da in ya matsa tsakanin ɗauka biyu mai tacewa zai sha wahala. Ana koyar da irin wannan a makarantar fim ta ƙasa da ke Jos, ana kuma koyonsa a hannun wanda ya iya. Sunan da ta yi a gaban kyamara ba zai maye gurbin wannan ba.

Masu ba da kyaututtuka na Kannywood su ma da nasu. Muddin kyautar da ake tafa wa ita ce ta jarumi da jaruma da mawaƙi, yarinyar da ke shigowa ba za ta taɓa mafarkin wani abu ba sai fuskarta a fosta. Manyan bukukuwan fim na Afirka suna da rukunin tsara wuri. A riƙa kiran mai wannan aiki kan dandamali da sunanta, a gaban kowa, ba a tsakiyar lokacin da mutane suka fita shan iska ba.

Da na koma gida daren nan, na nemo fim ɗin a wayata na kai wa goggo washegari. Idonta ya yi rauni yanzu, sai da ta kawo wayar dab da fuska. Ba ta bi ta kan labarin ba sam. Da aka nuno ɗakin tsohuwar, sai ta ce in tsayar. Ta daɗe tana dubawa, sannan ta sa yatsa a kan gilashin ta ce, "Wannan mace ce ta jera. Ka ga ta kife kwallar ƙasa don kada ƙura ta shiga. Amma adudun nan ba a ajiye shi kusa da randa, danshi zai ci shi. Ka gaya mata."

Na ce, "Goggo, ai ban san ta ba."

Ta miƙo mini wayar ta ce, "To ka nemi wanda ya san ta."